Kuɗin Tsufan Hisae

Tun kafin Tsuneo Wakao ya gama cin shinkafarsa ta safe, lasifikar hukuma da ke saman dogon ƙarfe a bakin unguwa ta fara magana. Muryar mace ce, tana jan kalmomin a hankali yadda tsofaffi za su ji: yau ma zafin garin Tajimi zai kai na haɗari, a yawaita shan ruwa, kada a fita sai dole, wanda yake da na'urar sanyaya ɗaki ya kunna ta, kada ya ji nauyi.

Tsuneo ya ɗaga kai ya dubi tasu. Tana nan manne a bango kusa da rufi, lulluɓe da wani yadi mai zanen furanni da matarsa Hisae ta ɗinka mata musamman. Ɗansu Naoki ne ya turo masu aiki daga Nagoya suka kafa ta shekarun baya. Ba a kunna ta sai shi da matarsa Rieko sun zo hutu. Da motarsu ta sha kwana, Hisae kan taka kujera ta zare wayar daga bango, don ta ji an ce ko a kashe take tana tsotsar wuta kaɗan-kaɗan, ta mayar da lulluɓin, ta ɓoye rimot ɗin inda ita kaɗai ta sani.

"Kin dai ji abin da ta ce," in ji Tsuneo.

"Na ji. Ita za ta biya kuɗin wutar?"

"Ta ce kada a ji nauyi."

"Mai magana a lasifika ai ba ta jin nauyin komai. Sha miyarka, Baban Naoki, za ta huce."

"A ɗakin nan? Miyar da ke son hucewa sai dai ta koma wani gari."

Hisae ba ta yi dariya ba, shi ma kuma ba don wasa ya tayar da maganar ba. Shekaranjiya da hantsi ya leƙa ta taga ya gan ta zaune dirshan ƙarƙashin igiyar shanya, jiƙaƙƙiyar rigarsa a cinyarta, tana kallon katanga kamar yau ta fara ganinta. Da ya ɗago ta sai ta ce santsi ne ya kwashe ta, alhali ƙasar a bushe take ƙamas. Ta kuma sa ya yi alkawarin ba zai gaya wa Naoki ba. Tun daga ranar yake bin ta da ido duk inda ta yi. Duk ƙuruciyarsa a bakin tanderun gasa tayil ya ƙare ta, ya san yadda zafi ke kayar da mutum: ana cikin hira sai ka ga abokinka ya zauna, ya daina gane sunansa. Ga shi kuma kullum talabijin sai ta faɗa, an tsinci tsohuwa a ɗakinta, na'ura a bango, a kashe. Hisae ta kusa tamanin. Tsoronsa ɗaya ne, kada bazarar bana ta tafi da ita.

A gidan nan, kamar yawancin gidajen layin, maganar kuɗi ta mace ce. Tun watan farko na aurensu Tsuneo yake kawo ambulan ɗin albashinsa a liƙe ya miƙa wa Hisae, ita kuma ta ciro masa kuɗin aljihunsa na wata, na taba da aski da ɗan abin sha da abokai. Garaɓasar da kamfani ke bayarwa a tsakiyar shekara da ƙarshenta ba ta yin kwana biyu a gidan, Hisae za ta sa takalminta ta kai asusun ajiya na gidan waya. Da farko don sayen fili ake tarawa, domin a lokacin banki ba ya kallon ma'aikacin tanderu sai ya zo da kaso mai tsoka a hannu. Da aka gina gida, sai karatun Naoki. Da ya gama, sai shekarun da ke tsakanin ritaya da fara karɓar fansho. Babu shekarar da dalilin tarawa ya ƙare, ɗaya na tashi wani zai zauna a gurbinsa. Na ƙarshen shi ne wanda ba ya tashi, wato tsufa. Hisae ta taɓa zuwa ta duba wani gidan kula da tsofaffi a bayan gari, ta ji kuɗin shiga da na wata-wata, ta dawo gida. Daga ranar ta daina sayen kifi sai da yamma, lokacin da ake manna masa ragi.

Tsuneo bai san nawa suke da shi ba. Bai taɓa tambaya ba, a da ma alfahari yake yi da hakan a gaban abokai. Yau ya ga inda rashin sanin ya kai shi: a gidan da guminsa ya gina, ba shi da ikon danna maɓalli ɗaya.

"To ki cire a kuɗin aljihuna," ya ce. "Taba na daina tuntuni. Aski kuwa, dubi kan nan, me ya rage a aske?"

Ta dube shi ta saman tabarau. "Au, ashe kana iya zama babu su? Ke nan duk shekarun nan ina ba ka abin da ba ka bukata. Wata mai zuwa sai a rage."

"Haba, Uwar Naoki!"

"Kuɗin aljihunka daga sama suke faɗowa? Duk aljihu ɗaya ne. Ni da na girma babu ko fanka, ban mutu ba."

"Zafin da ba irin na yanzu ba ne."

"Mutanen da ne ba irin na yanzu ba. Tashi ka je kanti, yau ranar ragin ƙwai ce. Ka haɗo da awara."

"To zo mu tafi tare, ki zauna a benci ki sha sanyi."

"In je in baje a kantin mutane ina shan sanyinsu kyauta, kamar abokinka Kanematsu? Ga bikin Obon ya matso, su Naoki na tafe ziyarar kaburbura, ko katifu ban fitar ba."

Ya buɗe firji ya cika mata kofi da shayin sha'ir mai sanyi, ya ajiye a gabanta, ya ce ta shanye kafin ya dawo. Ta ce to, irin to ɗin da ake ce wa yaro. Ya ɗauki sandarsa, saboda gwiwarsa ta dama ta daɗe da daina yi masa biyayya, ya fita.

Kanematsu na nan kan bencin da ke bayan ƙofar gilashi ta babban kanti, inda tsofaffin unguwa ke yini a irin wannan lokaci. Tare suka yi aikin tanderu tun suna samari. Kanematsu ya kumbura, ya yi ja, yana fifita da hularsa duk da sanyin wurin.

"Ga attajirin layinmu!" ya ɗaga murya. "Kuɗi na shan sanyi a gidan waya, mai su na dahuwa a gida. Matso, ranka ya daɗe, a ba ka wuri."

"Wurin da tumbinka ya bari? Ai sai dai in zauna a cinyarka."

"Tumbin nan gasasshen kifin unagi ne, mutumina. Jiya ma na ci. Kai yaushe rabonka? Tun bikin Naoki, ko?"

Tsuneo ya zauna, ya jingine sandar. Sanyin ya ratsa jiƙaƙƙiyar rigarsa, ya ji daɗi, nan take kuma ya ji kunyar daɗin. Ya gaya wa Kanematsu abin da ya faru a ƙarƙashin igiyar shanya. Alkawarin Naoki ya shafa, bai shafi Kanematsu ba.

Dariyar ta bar fuskar mutumin. "Kai, wannan ba na wasa ba ne. Ka kunna mata mana!"

"Ta ɓoye rimot."

"Tsohon banza! Shekara nawa kana wasa da wutar tanderu, ɗan akwatin roba ya gagare ka? Ka jona wayar, ka ɗaga murfin gaba, akwai ɗan maɓalli a gefe, ka danna. Ba ya bukatar rimot."

"In na kunna za ta kashe."

"Ka sake kunnawa." Kanematsu ya girgiza kai. "Ni fa abin nan ya ishe ni. Muna 'yan makaranta malami ke karɓar 'yan canjinmu ya kai asusun yara, wai ƙasa na son gina masana'antu. Muka tara. A lokacin ka ajiye kuɗi a gidan waya ka manta, ka dawo ka tarar sun haihu. Yanzu kuɗin ruwan shekara guda ko kwanon taliya ba ya saye. Jiya wani mai ƙaton tabarau ya fito a talabijin, wai mu tsofaffi mun danne kuɗi a ƙarƙashin katifa, shi ya sa kasuwa ta mutu, matasa ba su da albashin kirki. Yana sauka wani ya hau, wai fansho ba zai ishe mu ba, mutane sun fara kai shekara ɗari, kowa ya tanadi nasa. To wanne za a bi? Ni dai na zaɓa. Ranar da zan tafi, aljihuna wayam. Wanda ya ga dama ya binne ni."

Tsuneo ya miƙe. Ya ɗauki kwando ya ɗebo ƙwai da awara, ya bi layi. Wadda ke karɓar kuɗi a layin Chiharu ce, 'yar Kanematsu. Ta gaishe shi da ladabi, ta tambayi lafiyar Inna Hisae. Ya dubi furfurar da ta fara keto wa Chiharu a gefen kunne. Yarinyar nan a da babban aiki take yi a Tokyo. Da uwarta ta kwanta, aka duba babu kuɗin kai ta gidan kulawa, sai ta ajiye aikin ta dawo gida jinya, wai na ɗan lokaci. Uwar ta daɗe kafin ta tafi, aikin bai jira ba, wanda zai aure ta ma bai jira ba. Ga ta nan tsaye tana cusa wa mutane kaya a leda, ubanta kuma na can kan benci yana labarin unagi. Ba mugu ba ne Kanematsu, kowa ya sani. Amma kuɗin kifin nan wani ne ya biya.

Ya ɗebi ƙanƙarar da kanti ke bayarwa kyauta don kada awara ta lalace a hanya, ya ƙulle a leda, ya fito.

Titi babu kowa. Kwalta ta yi laushi a ƙarƙashin sanda, kukan gyare ya cika kunne ta ko'ina. Yana tafiya yana tuna mahaifiyarsa. A ɗakin nan da na'urar take, a nan ta kwanta shekara da shekaru bayan ɓarin jikinta ya shanye. A wancan zamani ba a tambayar waye zai yi jinya, matar babban ɗa ce, magana ta ƙare. Shi yakan fita da sassafe ya dawo ya tarar da tsohuwa a wanke, zanin gado fes, ɗaki babu wari. Bai taɓa juya ta ko sau ɗaya ba. Mutane suna yabon gidansu, shi yana karɓar yabon. Hisae ta shiga jinyar da bayanta a miƙe, ta fito a ranƙwafe. Ba su taɓa zama sun yi maganar ba, amma ya san daga ina tsumulmularta ta samo tushe. To wa ke da gaskiya? Wadda ta hana kanta sanyi yau don kada ta cinye rayuwar wata gobe, ko wanda ke son ta rayu ko da me za a biya? Ya juya tambayar ta kowace fuska, bai sami inda za ta zauna ba. Abin da ya samu kawai shi ne ƙafafunsa sun ƙara sauri, har gwiwar na ƙara.

Ya tura ƙofa ya ce ya dawo. Ba a amsa ba.

Ya same ta a ɗaki zaune kan tabarma, ta jingina da katifun da ta jawo daga ma'aji. Fanka na juyawa a lamba ta ɗaya tana tura iska mai zafi. Kofin shayin na inda ya bar shi, ko kurɓa ba a yi ba. Fuskarta ta yi jajir. Ya durƙusa da ƙyar ya taɓa wuyanta. Zafi zau, kuma a bushe, babu ɗigon gumi. A tanderu, in gumin mutum ya ɗauke, ba a tsayawa shawara.

"Ke! Uwar Naoki!"

Ta buɗe ido a hankali. "Ka ba Mama ruwanta? Lokacin juya ta ya yi."

"Wace Mama? Mama ta rasu tun Naoki na makaranta. Dube ni nan!"

Ya yage ledar ƙanƙara, ya naɗe a tawul ya kanga mata a wuya, ya cusa sauran a hammatarta. Ta zabura saboda sanyin, idonta ya ɗan dawo. Ya kai mata kofi baki, ta kurɓa kaɗan, sauran ya bi haɓarta.

"Ƙanƙarar awara ce wannan," ta ce. "Za ta lalace."

"Ta lalace. Ina rimot?"

"Gyangyaɗi kawai na yi."

"Zan kira motar asibiti."

"Kada ka soma! Su shigo layi da jiniya, kowa ya leƙo, a tare wa mutane hanya saboda tsohuwa ta yi gyangyaɗi? Ina zan sa fuskata?"

"To ina rimot?"

Ta kau da kai. Ya san wannan kau da kan, ya yi shekara hamsin da ɗoriya yana shan kaye a gabansa. Ya dafa bango ya miƙe, ya tafi kicin ya jawo kujerar katako, ƙafafunta na kurzar ƙasa. Ya ajiye ta ƙarƙashin na'urar, ya yar da sandarsa. Ya ɗora ƙafar hagu, ya kama ƙarfen labule, ya ja jikinsa sama. Gwiwar dama ta yi wata ƙara, kujerar ta yi rawa, ɗakin ya juya masa sau ɗaya kafin ya tsaya.

"Baban Naoki! Me kake yi? Sauko!"

Ya fizge lulluɓin mai furanni ya jefar. Ya lalubo wayar da ke reto, ya miƙa hannu zuwa ramin bango. Ya kuskure, ya sake.

"Sauko na ce! Da wannan gwiwar? In ka faɗo ƙugunka ya karye fa?"

"Sai me?"

"Sai ka kwanta! Mai shekarunka in ya karya ƙugu ba ya tashi. Wa zai riƙa juya ka? Wa zai riƙa wanke ka?"

"Ke."

"Ni na gama nawa!" Ta rarrafo, tawul ɗin ya faɗi, ta rungume ƙafafun kujerar da hannu biyu. "Na gama nawa, ka ji ko? Kuma Rieko ba za ta yi irinsa ba. Yarinya mai kirki, mai aikinta, mai dariyarta. Ba za ta tsaya a kaina da tsumma a hannu tana kallon taga ba. Kuɗin nan nata ne, ba nawa ba. In na sha su a sanyi, ita za ta biya da bayanta. Kai ba ka sani ba, kana tanderu."

Wayar ta shiga. Ya ɗaga murfin na'urar yana neman maɓallin da Kanematsu ya faɗa, amma gumi ya rufe masa tabarau, ba ya ganin komai sai farin roba. Ba zai iya sakin ƙarfen labule ya goge ba. Ya tsaya a haka, hannu ɗaya a sama, yana jin numfashinta a ƙasa, gajere-gajere.

"Ban sani ba," ya ce. "Gaskiyarki. Amma akwai wanda na sani. Kina tsammani zafi kashewa kawai yake yi, a yi jana'iza a watse? Kin tuna Ogiso da muke aiki tare? Zafi ya kayar da shi a bakin tanderu, bai mutu ba. Ƙwaƙwalwa ce ta dahu. Matarsa ta yi ta ba shi abinci a cokali har ta riga shi tafiya. Ɗazu Mama kike nema, Hisae. In kika ƙara awa guda a ɗakin nan, gobe ba gawa Rieko za ta zo ta tarar ba. Mai numfashi za ta tarar, wadda ba ta san ta ba. Kuɗin naki kuma ko rabin hanya ba za su kai ba."

Yana rufe baki ya ji ɗacin abin da ya yi. Ya ɗauki abin da ta fi tsoro a duniya, wanda shi da kansa ya taya aka dasa mata, ya doke ta da shi. Ko ya halatta a ceci mutum ta haka, bai sani ba. Bai kuma janye maganar ba.

"Ba zan sauko ba sai kin faɗa," ya ce. "Gwiwar kuwa ta fara saki."

Fanka ta juyo ta wuce. Ya ji goshinta ya jingina da ƙafar kujerar.

"Akwatin abincin sabuwar shekara," ta ce ƙasa-ƙasa. "A kabad ɗin kicin. Hawa na tsakiya. Sauko a hankali, na riƙe."

Saukowar ta fi hawan wuya. Ya zame ya dafa kafaɗarta, kafaɗar da babu komai a kanta sai ƙashi, ta kuwa tokare har ƙafarsa ta taɓa tabarma. Ya ɗingisa zuwa kicin ya buɗe baƙin akwatin mai sheƙi da ba a fitarwa sai shekara-shekara. Rimot na ciki, a naɗe cikin leda. Ya danna, shiru. Ya juya bayan rimot ɗin, babu batir.

"Batir fa?"

"Hawa na ƙasa. In an bar su a ciki suna zuƙewa."

Ya sa su, ya juya ɗaya, ya gyara. Na'urar ta yi ɗan kuka, ta buɗe baki, ta huro iska mai warin ƙura, sannan sanyi ya biyo. Ya kwantar da Hisae daidai inda iskar ke sauka, ya mayar da ƙanƙarar, ya ɗauki waya ya kira motar asibiti. Wannan karon ba ta hana shi ba. Ta dai kama gefen wandonsa.

"Ka ce kada su kunna jiniya."

Ya faɗa wa mai amsa waya haka, kalma da kalma, bayan ya ba da adireshi. Mutumin ya ce doka ba ta yarda su taho shiru ba, amma za su kashe in sun shigo layin. Ya ce a ci gaba da yi mata magana, kada a bar ta ta yi barci. Tsuneo ya zauna yana tambayarta farashin ƙwai a kantuna daban-daban, don shi ne abin da ya tabbatar za ta amsa. Ta amsa biyu, na uku ta yi shiru, ya girgiza ta har ta ce masa ya cika fitina.

La'asar ta yi lokacin da ta farka sosai a gadon asibiti, robar ƙarin ruwa a hannunta. Likita ya riga ya zo, ya tambaye ta sunanta da sunan garin, ta faɗa daidai, har ta gyara masa yadda ake rubuta sunan. Ya ce za su riƙe ta kwana biyu su duba ƙodarta, ya ce an kira a kan gaɓa. Tsuneo na kan kujera a gefe, gwiwarsa ta kumbura kamar ƙwarya.

Ta daɗe tana kallon rufi kafin ta juyo.

"Ka kashe kafin mu fito?"

"A'a."

"Ɗaki babu kowa, tana ta ci?"

"Tana ta ci. In mun koma ma haka za ki same ta. Kuma na kira Naoki, suna hanya shi da Rieko."

"Ka yi alkawari."

"Na karya."

Ta rufe ido. Leɓenta na motsi kaɗan-kaɗan, ya san lissafi take yi, na gadon nan, na robar nan, na wutar da ke ci a gida, da na shekarun da babu wanda ya san yawansu. Ya jira faɗa. Yana ma son ta yi faɗan, don ya ji ƙarfinta.

"Ashirin da takwas," ta ce daga ƙarshe, ba ta buɗe ido ba. "Kada ka sa na'urar ƙasa da digiri ashirin da takwas. Daga hantsi zuwa faɗuwar rana. Rimot kuma a kan tebur, amma ba kai kaɗai ke da hannu ba."

"Na yarda."

"Kujerar kicin kuwa, in na sake ganin ka a kanta, ni zan ture ka da kaina."

Ya ce ya ji. Ya dubi hannunta a kan farin zanin gado, jijiyoyi duk a waje. Ta tsira daga bazarar bana, ko dai daga yinin yau. Watakila ta kai ɗari. Watakila kuɗin su ƙare tun tana da sauran numfashi, Rieko ta tsaya a kanta da tsumma a hannu, kuma a ranar babu shi balle a tambaye shi dalilin da ya sa ya hau kujera. Ya yi niyyar tambayarta, karo na farko a rayuwarsu, ko nawa ne a gidan wayar. Ya buɗe baki, ya ga numfashinta ya daidaita, barci ya ɗauke ta. Ya ja bargon ya rufe mata ƙafa, saboda ɗakin asibitin akwai sanyi, ya zauna yana sauraron takun mutane a baranda ko zai ji na ɗansa.